Rabon Gidan da Baba da Kawu Suka Gina

Gidanmu na Arlit dogo ne, ba shi da faɗi. Ƙofa ɗaya gare shi, tana kallon titin da motocin ma'aikatan mahaƙa suke bi da safe. In ka shiga, zaure ne da wani ɗan ɗaki a gefensa, sai tsakar gida, sai ɗakuna huɗu, biyu a dama biyu a hagu suna kallon juna. Can ƙarshe akwai famfo da banɗaki da bishiyar dogonyaro. Ɗakunan dama namu ne, na hagu na Kawu.

Kawu ba ɗan'uwan mahaifiyarmu ba ne, ba mu haɗa jini ta ko'ina ba. Ba'abzine ne, daga wani kwari cikin duwatsun Abzin, ya yi rayuwarsa yana tuƙa kamyo, babbar motar kaya. Baba kuwa mutumin Damagaram ne, ya zo neman aiki a mahaƙa tun yana saurayi, ya zama mai walda. Abota ce ta haɗa su, muka tashi muka tarar ana ce masa Kawu, muka ɗora. Har na yi aure ban taɓa tambayar gidan na wane ne ba. Da aka tura mijina aiki Assamaka na dawo gidan da 'ya'yana, ina koyarwa a lakwal, wato makarantar unguwa, nan ma ban tambaya ba.

Baba ya rasu shekara ɗaya kafin a rufe mahaƙar Akokan. Yayana namiji, wanda ya gaji sana'ar Baba, yana cikin waɗanda aikinsu ya ƙare da rufewar. Ya yi watanni yana zaune, sai ya yanke shawarar ya fasa zauren da ɗakin gefensa ya yi shagon walda, tunda suna bakin titi. Matsalar ita ce a zauren nan Kawu yake wuni. Tun da idonsa ya yi rauni ya bar tuƙi, nan yake shimfiɗa tabarma da kayan shayinsa, tsofaffin direbobi suna zuwa suna tafiya.

Yaya bai yi wa Kawu maganar ba, kunya ta hana shi. Ɗan Kawu ya samu, wanda shi ma direba ne, sa'ansa kuma. Ina wanke-wanke a bakin famfo na ji su. Ɗan Kawu ya ce zauren na kowa ne, ba mai fasa shi. Yaya ya ce:

"To ai takardar filin nan sunan mahaifinmu kaɗai ne a kanta."

Ɗan Kawu ya ɗauki makullin motarsa ya fita. Bayan sati uku aka kawo mana sammaci daga jastis, wato kotu: ɗan Kawu yana neman a raba gida, a ba mahaifinsa rabinsa.

Ni abin ya fi ba ni mamaki fiye da haushi. Na ɗauko takardar daga akwatin Baba na duba, lallai sunansa kaɗai ne. To in haka ne, me ya sa Kawu yake zaune a gidan shekara talatin da wani abu ba a taɓa jin maganar haya ba? In kuma nasu ne su biyu, me ya hana a rubuta?

Ni ce mai karanta Faransanci sosai a gidan, don haka dosiyen shari'ar, wato kundin takardunta, ya faɗo hannuna. Duk zaman da aka yi na je. Aka kira shaidu, tsofaffi biyu da suka yi ginin, ɗayansu ma sai da aka riƙo shi. Suka ce mutum biyu suka sa su aiki, mutum biyu suke kawo musu abinci. Alƙali ya aiko mai awon fili, ya zo da igiyar awonsa ya zagaye gidan, ya rubuta rahoto. Hukuncin da ya fito bai yi wa kowa daɗi ba. Kotu ta ce gida na mutum biyu ne, rabi da rabi. Amma a tsaye ba ya rabuwa, don kowa zai tashi da siririn wuri kamar lungu, a kwance kuma na baya ba zai sami ƙofa ba. Saboda haka a sayar a raba abin da aka samu.

A lokacin nan mutane barin gari suke yi, gidaje sun yi araha. Kowa ya san in aka sayar, ba mu ba su, ba wanda zai iya sayen wani wurin zama. Yaya ya ce zai yi apel, wato ya ɗaukaka ƙara. A ranar na fara sanin cewa hukuncin alƙali ba shi ne ƙarshen magana ba, akwai wasu alƙalai a sama da za su sake duba aikinsa, kuma muddin ba su duba ba, ba mai taɓa gidan. Akwai kwanaki ƙidayayyu da ake ba mutum ya ɗaukaka ƙara, in suka wuce shi ke nan. Magatakardan kotun ne ya yi mini bayani, yana ta mamakin yawan tambayoyina. Na tambaye shi ko alƙalan can za su zo su ga gidan. Ya ce a'a, takarda za su gani. Na ce to ta yaya za su san faɗin tsakar gidan? Ya ce yana cikin takarda.

Kotun ɗaukaka ƙarar tana Tawa. Yaya ya ɗauki lauya a can, ɗan Kawu ma ya ɗauki nasa. Dosiye ya tafi, mu muka zauna.

Zaman nan shi ne abin da na fi tunawa. Yaya da ɗan Kawu sun daina magana, in ɗaya ya shigo ɗaya ya fita. Amma famfo ɗaya ne, igiyar shanya ɗaya ce. Inna, mahaifiyarmu, ba ta fasa aika wa Kawu kwanon tuwo ba, matar ɗansa ba ta fasa aiko mana da cuku in an kawo musu daga daji ba. Yaranmu da nasu suna cin abinci a tire ɗaya. Ba wanda yake ambaton shari'a a tsakar gida.

Wata huɗu da tafiyar dosiye, lauyanmu ya kira Yaya a waya ya ce shari'ar za ta iya ɗaukar lokaci, kuma ba tabbas, gara a gwada tayin sulhu. Suka tsara, lauyanmu ya rubuta wa nasu, nasu ya sa a ambulan ya ba direban kar, motar fasinja, ya kawo Arlit. Ɗan Kawu yana kan hanya a lokacin, takardar ta faɗa hannun tsohon.

Wata ranar Alhamis na dawo daga lakwal da rana, zan wuce ta zaure, Kawu ya ce:

"Madan, zo ka karanta mini wannan."

Haka Hausarsa take, mace da namiji duk ɗaya ne a bakinsa. Madan kuma tun ranar da na fara koyarwa yake kirana da shi, da ɗan tsokana a ciki. Na karɓi takardar, na ga kan wasiƙar lauyanmu. Na ce:

"Kawu, wannan fa daga ɓangarenmu ta fito. Bai kamata ni ce zan karanta maka ba."

"Za ka ƙara wani abu?"

"A'a."

"Za ka rage?"

"A'a."

"To karanta."

Na zauna a gefen tabarma na karanta, ina juya masa da Hausa layi-layi. Tayin ya ce Kawu zai zauna a ɗakunansa har ƙarshen rayuwarsa, ba mai tayar da shi. Zaure zai koma hannun Yaya. Bayan rasuwar Kawu gidan duka zai zama na magadan Baba, a ba 'ya'yansa wani abu na sallama. Da na zo wurin rasuwar sai muryata ta yi ƙasa. Ya ce in maimaita, na maimaita.

Ya zuba shayi a ƙaramin kofi, ya mayar buta, ya sake zubawa. Can ya ce:

"Wannan takarda daga ɗakin yayanka ya tashi, ya je Tawa, ya dawo nan?"

Na ce haka ne.

"Ya sha hanya. Ka ce musu na gode da suka bar ni in mutu a ɗakina. Amma ban yarda ba."

Bai nuna fushi ba, har ya miƙo mini shayi. Ni kuwa na kasa tashi. Na ce, tunda an riga an buɗe maganar, ko zai gaya mini yadda aka yi takardar fili ta fito da suna ɗaya. Ya ce lokacin da ake rabon filayen unguwar sai mai katin shaida ake rubutawa, shi kuma a daji aka haife shi, ba shi da takardar haihuwa balle kati. Baba yana da shi saboda aikin mahaƙa. Baba ya tsaya a layi, aka rubuta sunansa. Duwatsun harsashi, da ƙarafan rufi, da gangunan da aka fasa aka yi ƙofofi, shi ya kwaso su a kamyonsa, tafiya bayan tafiya. Na ce daga baya ai ya yi kati, me ya hana a gyara? Ya ɗaga kafaɗa ya ce bai taɓa tambaya ba.

Na je na sami Inna tana tsince shinkafa, na yi mata tambayar. Ta ce Baba ya tayar da maganar sau biyu da ta sani. Na farko Kawu ya ce masa ko ya fara zarginsa ne da rashin yarda. Na biyu suna shirin zuwa ofishin filaye aka kira Kawu ɗaukar kaya, ya yi wata biyu bai dawo ba, magana ta bi ruwa.

"Me ya sa ba ki faɗa a kotu ba, Inna?"

"Wa ya tambaye ni? Kuma in tsaya gaban mutane in ƙaryata ɗana?"

"Kin gaya wa Yaya?"

"Na gaya masa. Ya ce shi takarda ya gani."

Bayan wata biyu nasu tayin ya zo, ta hanyar da namu ya bi. Na karanta wa Yaya da Inna. A raba gida a kwance, su ɗauki gaba da zaure da ƙofa, mu mu ɗauki baya, su bar mana hanya mai faɗin mita ɗaya a jikin bango. Yaya ya ce hanyar da ko gawa ba za a fitar ta cikinta ba sai an karkata makara. Washegari na tambayi Kawu ko ya san abin da ke cikin takardar. Ya ce ɗansa ya gaya masa an rubuta wani abu. Na karanta masa kwafin. Ya ce mita ɗaya nawa ne, na gwada masa da hannuna. Ya girgiza kai kawai.

Da aka sa ranar zama a Tawa, ɗan Kawu yana can arewa da kaya, sai tsohon ya ce shi zai je da kansa. Kar ɗaya ce take tashi ranar, don haka mu uku muka shiga: ni, Yaya, da Kawu. Wanda bai bi hanyar Arlit zuwa Agadas ba ba zai gane ba. Kwaltar ta mutu tuntuni, direbobi sun bar ta suna bin gefe cikin rairayi, motar tana jijjiga kamar ana tankaɗe. Kawu yana zaune kusa da taga yana gaya mini sunan kowane tudu da kowace rijiya, da inda tayarsa ta taɓa fashewa, ko da yake idonsa ba ya ganin rabinsu. Da muka tsaya salla, Yaya ne ya riƙe hannunsa ya sauko da shi, ya zuba masa ruwan alwala. Ba su ce wa juna komai ba ban da sannu.

Zaman kotun bai kai minti goma ba. Alƙalai uku ne a sama, na tsakiya yake magana. Lauyan su Kawu ya nemi a ɗage don bai gama amsa takardun namu ba. Kafin ya ɗage, alƙalin ya dubi tsohon ya dubi Yaya, ya tambaya da Hausa ko gida ɗaya suke zaune har yanzu. Aka ce eh. Ya ce doka ba ta hana su daidaitawa ba ko da shari'a tana gabansu, in suka kawo yarjejeniya a rubuce kotu za ta karɓa ta tabbatar. Ya ba da wata uku.

Muka fito muna jiran lauyanmu a ƙarƙashin wata rumfa. Ba abin yi, sai na buɗe dosiye ina dubawa. Rahoton mai awo na karanta shi ya fi sau biyar, amma akwai wata takarda a bayansa da ban taɓa buɗewa sosai ba, don a naɗe take, kuma zane ne ba rubutu ba. Taswirar unguwarmu ce tun ta lokacin rabon filaye. Na shimfiɗa ta a cinyata ina neman gidanmu don nishaɗi kawai. Na sami titi, na ƙirga filaye, na sami namu da lambarsa. Sai na ga a bayansa akwai layi biyu siriri da suka ratsa tsakanin jerin gidajenmu da jerin na baya, suka fita har wancan titin.

Ni dai na san abin da ke bayan bangonmu: garken awakin wata tsohuwa maƙwabciyarmu. Tun ina yarinya nake jin kukansu ta bayan banɗaki. Mai awo ma da ya leƙa ta saman bango awaki ya gani, ya rubuta maƙwabta.

Na nuna wa lauya da ya fito. Ya gyara tabarau ya duba, ya ce wannan lungu ne, hanyar jama'a, mita uku. Na ce to in akwai lungu a baya, gidan yana iya samun ƙofa ta biyu ke nan? Ya ce in lungun yana nan a ƙasa kamar yadda yake a takarda. Kawu yana jin mu. Ya ce:

"Akwai hanya a nan da. Ta nan muke shigo da jaki da ruwa lokacin gini. Na manta da shi."

Yaya ya karɓi taswirar ya daɗe yana kallo.

Da muka dawo Arlit na zagaya ta wancan titin, abin da ban taɓa yi ba duk zamana a unguwar. Bakin lungun yana nan, an tare shi da tsofaffin ganguna da buhunan siminti da suka daskare. Ciki awaki ne sun kai goma sha biyar. Na je ma'aikatar magajin gari, suka duba nasu zanen suka ce hanya ce, ba a taɓa ba kowa ita ba, in muna so a rubuta a tayar da garken. Yaya ya ce a rubuta. Inna ta ce ba za a rubuta ba, shari'a ɗaya ta ishe ta. Ta yafa mayafi bayan la'asar ta ce in raka ta.

Tsohuwar mutuniyar Adar ce, mijinta ya rasu da daɗewa, awakin nan su ne abincinta. Suka gaisa da Inna gaisuwa mai tsawo, suka yi zancen ciwon gwiwa da tsadar dusa. Sannan Inna ta faɗi abin da ya kawo mu, ba ta ambaci taswira ba, ba ta ambaci magajin gari ba. Tsohuwar ta ce ta san hanya ce, mijinta ne ya tare ta shekarar da ɓarayi suka dame su, ba wanda ya yi magana, ita ma ta yi shiru. Ta ce in aka kore ta ina za ta kai dabbobin? Inna ta ce ba kora ba ce, a raba lungun a tsaye, awaki su riƙe gefe, mutane su bi gefe. Tsohuwar ta yi tunani ta ce ta yarda, da sharaɗi ɗaya: a bar ta ta ja tiyo daga famfonmu ta shayar da su, ta gaji da sayen ruwa a bido, wato jarka. Kafin a kira magariba an gama. Ina tafe ina lissafa watannin da takardu biyu suka ci tsakanin Arlit da Tawa.

Saura babbar magana: wa zai ɗauki gaba, wa zai ɗauki baya. Yaya yana son gaba saboda shago. Ɗan Kawu da ya dawo ya ce shi ma gaba yake so, a nan yake ajiye mota, lungun ba ya ɗaukar kamyo. Aka koma gidan jiya. Lauyoyi suka fara maganar sabon tayi a rubuce.

Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, Kawu ya aika a kira Yaya da ɗansa da Inna da ni zaure. Rabon da mu zauna wuri ɗaya tun kafin sammaci. Ya ce a wurinsu, in ayari ya yanka dabba a hanya, wanda ya kasa nama shi ne na ƙarshe a ɗauka. Saboda haka Yaya ya ja layi duk inda ya ga dama, ya raba gidan biyu. Shi kuma zai zaɓa. Ko kuma shi ya ja layin, Yaya ya zaɓa. Ɗansa ya buɗe baki zai yi magana, Kawu ya ce masa wani abu gajere da yarensu na Tamajak, ɗan ya fasa.

Yaya ya ce shi zai ja.

Kwana uku ya yi yana fama. Na zuba ido ina kallon yadda abin yake aiki a kansa, don ban taɓa ganin irinsa ba. Ranar farko ya ja layi da gawayi daidai tsakiya. Ya tsaya ya duba, ya gane in haka ne kowa gaba zai ɗauka, ya share. Ya matso da layin wajen ƙofa taku biyu, baya ya ƙaru. Ya zo ya tambaye ni ko a ganina ya isa. Na ce ni ba ni ce mai zaɓe ba. Rana ta biyu ya ƙara taku ɗaya, ya zauna a kan bokiti yana kallon abin da ya rage wa gaba, tsakar gidan da ba ta fi shimfiɗar tabarma uku ba. Ya mayar da rabin takun. Inna tana kallonsa daga ƙofar ɗaki. Rana ta uku ya ƙara da cewa shi zai fasa ƙofar baya ya ƙera mata ƙyaure da hannunsa, ko wa ya ɗauki wajen.

Kawu ya fito da sandarsa. Ya bi layin gawayin da ƙafa daga bango zuwa bango. Ya je bakin famfo ya buɗe ya rufe. Ya dafa dogonyaron. Ya dawo zaure ya zauna a tabarmarsa. Sannan ya ce ya ɗauki baya.

Daga baya na tambaye shi ko da ma baya yake so tun farko. Ya ce da Yaya ya bar layin a tsakiya, da gaba zai ɗauka, ko don ɗansa. Ban san ko gaskiya ya gaya mini ba.

Lauyoyin biyu suka rubuta yarjejeniyar, wannan karon takarda ɗaya, mai awo ya dawo ya mayar da layin gawayi zuwa lambobi. Aka sa maganar ƙofar baya, aka sa cewa gaba zai ja nasa famfon kuma kafin nan za mu ci gaba da ɗiba a nasu. Tiyon tsohuwa ba a rubuta shi ba, Inna ta ce wannan maganar baki ce kuma ta isa. Ranar sa hannu magatakarda ya turo wa Kawu tawadar dangwale. Ya ture ta, ya nemi biro. Ya sunkuya har hancinsa ya kusa taɓa takardar, ya zana wasu 'yan da'irori da ɗigo da sanduna a jere. Rubutun Abzinawa ne, sunansa ya rubuta. Shekara talatin da wani abu ina gaishe shi kullum, ban san yana rubutu ba. Na tambaye shi wa ya koya masa, ya ce mahaifiyarsa, a kan rairayi, suna kiwo.

Ba mu sake zuwa Tawa ba. Lauyoyi suka kai takardar, kotu ta tabbatar da ita, aka rufe apel ɗin.

Tunda an raba a kwance, kowane ɓangare ya tashi da ɗaki ɗaya na dama da ɗaya na hagu, dole aka yi musaya. Inna ta koma ɗakin da marigayiya matar Kawu ta zauna, Kawu ya koma ɗakin Baba. Ranar kwashe kaya an sami tsohuwar hular walda ta Baba a saman bango, Kawu ya ce a bar masa ita a inda take, Yaya ya bari. Magina suka ja bango cikin kwana huɗu.

Shagon Yaya yana aiki, yawanci gyaran injinan masu haƙar zinariya yake yi. Shi da ɗan Kawu suna gaisawa yanzu, ba su koma kamar da ba. Kamyon yana kwana a tasha. Tsofaffin direbobin sun bi Kawu zuwa gindin dogonyaro, suna shiga ta lungu, suna ƙorafin warin awaki. Ɗaya daga cikinsu ya ce mini unguwar tana da irin waɗannan lunguna har huɗu da aka toshe, ya san wurin biyu. Na nemi kwafin taswirar gaba ɗaya, na sami uku. Na huɗun ina zargin yana ƙarƙashin wani shagon ɗinki ne, amma ban sami wanda zan tambaya ba tukuna.